Luwi da Buroy, ɗan sarautar da ya haɗa igiya da ƙwaya

Louis de Broglie, wanda Faransawa ke faɗin sunansa Luwi da Buroy, an haife shi ran 15 ga watan Agusta na shekara ta 1892 a garin Diyef, bakin teku, a arewacin ƙasar Faransa. Gidansu gidan sarauta ne. Kakanninsa sun taso daga Italiya fiye da shekara ɗari biyu kafin haihuwarsa, kuma cikin zuriyarsu aka sami manyan shugabannin yaƙi da jakadu da ministoci. Kakansa na wajen uba ma ya riƙe shugabancin gwamnatin Faransa. Duk wanda ya san gidan ya ɗauka Luwi, wanda shi ne auta, sawun magabatansa zai bi. Amma abin da ya sa ake tunawa da shi daban ne: ya ɗauki wata tsohuwar gardama game da haske, ya nuna cewa ta shafi duk wani abu mai jiki.

Ubansa ya rasu cikin shekara ta 1906, sai riƙonsa ya koma hannun wansa Moris, wanda ya girme shi da shekara 17. Moris hafsa ne na sojan ruwa, amma ya bar aikin ya buɗe ɗakin bincike cikin gidansa a birnin Pari. Luwi kuwa, da ya gama lise, tarihi ya fara karantawa a jami'ar Sorbon, ya sami takardar shaida cikin 1910. A shekara ta 1911 aka yi wani babban taron masana fizik, wato ilimin da ke binciken haske da zafi da motsi da lantarki, a birnin Buruksal na ƙasar Beljik. Moris na cikin sakatarorin taron, shi ya sa takardun mahawarar suka iso gida. Luwi ya karanta su, daga nan ya ajiye tarihi ya rungumi kimiyya, ya sami takardarsa ta biyu cikin 1913.

Ga asalin gardamar da ta ja hankalinsa. Tun ƙarni na 17 masana suka rabu biyu kan abin da haske yake. Newton na Ingila ya ce ƴan ƙwayoyi ne ƙanana da ke fita daga rana ko fitila su tafi miƙe. Huygens na Holan ya ce igiya ce, irin wadda ke bazuwa bisa tabki in an jefa dutse. Farkon ƙarni na 19, Thomas Young ya bi da haske ta ƴan tsagu biyu na kusa da juna, sai ya ga zane-zanen haske da duhu a jere bisa allo. Haske ya haɗu da haske ya ba da duhu. Igiya kaɗai ke yin haka, domin inda tudun wata ya gamu da kwarin wata, ruwa kwanciya yake yi. Fresnel na Faransa ya tabbatar da zancen da lissafi, kowa ya ɗauka magana ta ƙare.

Sai cikin 1905 Einstein ya sake tada ita. An lura cewa haske in ya faɗa kan wasu ƙarafa yana fitar da elaktoron, wato ƙwayoyin nan da gudunsu cikin waya ke zama wutar lantarki. Abin mamaki, jan haske komai ƙarfinsa ba ya fitar da ko ɗaya daga irin waɗannan ƙarafa, amma haske mai gajeren zango, ko da mai rauni ne, nan take yake fitar da su. Zango shi ne tazarar da ke tsakanin tudun igiya da na bayansa, kamar yadda masu sauraron rediyo suka san gajeren zango da matsakaici. Einstein ya bayyana cewa haske dunƙule-dunƙule yake isowa, kuma gajartar zangonsa ita ce ƙarfin kowane dunƙule. Ke nan wani gwaji ya ce igiya, wani ya ce ƙwaya, kuma babu wanda aka iya ƙaryatawa.

Luwi bai sami damar shiga zancen nan da nan ba. Ya shiga aikin soja cikin 1913, yaƙin duniya na farko ya ɓarke cikin 1914, ba a sallame shi ba sai 1919. Mafi yawan waɗannan shekaru ya yi su ne a gidan tangarahon iska na soja da ke gindin hasumiyar Efel, yana kula da na'urorin aika saƙo. Shekara shida sun tafi ba karatu, amma kullum hannunsa na kan igiyoyin rediyo da kwalaben da elaktoron ke gudu cikinsu. Da ya tuɓe kayan soja sai ya koma ɗakin binciken wansa.

A nan ne cikin 1923 ya juya tambayar. In haske, da aka sani igiya ne, yana da halin ƙwaya, me zai hana elaktoron, da aka sani ƙwaya ce, ta kasance da halin igiya? Akwai abin da ya ƙarfafa masa gwiwa. Cikin 1913 Niels Bohr na ƙasar Danmark ya nuna cewa elaktoron da ke kewaya cikin atam ba ko'ina take bi ba, tana da hanyoyi ƙayyadaddu da ake ƙirgawa ɗaya, biyu, uku, amma babu wanda ya san dalili. Luwi ya lura cewa irin wannan ƙirga ta igiyoyi ce. Tsirkiyar gurmi da aka ɗaure baki biyu tana iya kaɗawa gaba ɗaya, ko kashi biyu, ko kashi uku, ba ta kaɗawa kashi ɗaya da rabi. Haka elaktoron ba ta zama sai bisa hanyar da igiyarta ta zagaya ta haɗe daidai ba ragowa. Ya kuma ba da ƙa'idar lissafi: iyakar nauyin abu da saurinsa, iyakar gajartar zangonsa. Shi ya sa ba a ganin igiyar dutse ko ta doki mai sukuwa, zangonsu ya yi ƙanƙanta ƙwarai, ya wuce awo.

Ya kare kundinsa na dakta ran 25 ga Nuwamba 1924 a Sorbon. Malaman da suka saurare shi sun yaba hazaƙarsa, amma ba su gaskata igiyar ba. Shugabansu Jean Perrin ya tambaye shi yadda za a gwada, Luwi ya amsa cewa a harba elaktoron kan abin da ƙwayoyinsa ke jere sahu-sahu, a duba ko za su yi zane irin na haske. Malaminsa Paul Langevin ya aika wa Einstein kundin, shi kuwa ya yaba, ya kuma ambace shi cikin nasa rubutu. Ta wannan hanya labarin ya kai ga Erwin Schrödinger a ƙasar Suwis, wanda cikin 1926 ya gina cikakken lissafin igiyar elaktoron bisa wannan harsashi.

Shaida ta zo cikin 1927. A birnin Niyok na Amurka, Davisson da Germer sun harba elaktoron kan ƙarfen nikel, suka ga sun warwatsu yadda igiya ke yi, zangon kuma ya zo daidai da lissafin Luwi. A garin Abadin na ƙasar Sikotlan, George Thomson ya sami irin wannan sakamako. Thomson ɗin nan ɗa ne ga wanda ya gano elaktoron cikin 1897: uba ya sami lambar Nobel don ya nuna ƙwaya ce, ɗa ya samu cikin 1937 don ya nuna igiya ce, kuma dukansu suna da gaskiya. Luwi kansa an ba shi lambar cikin 1929, yana da shekara 37.

Amma ɗaukaka ba ta kawo masa kwanciyar rai ba. Shi a ganinsa ƙwaya da igiya duka suna nan lokaci guda, igiya na yi wa ƙwaya jagora kamar yadda ruwan gulbi ke tafiya da kwalekwale. Ya gabatar da wannan ra'ayi a taron Buruksal na 1927, bai sami masu goyon baya ba. Rinjaye ya tafi ga Bohr da Born da Heisenberg, waɗanda suka ce igiyar ba ta faɗin inda ƙwaya take, tana faɗin inda aka fi sa ran samunta in an auna. Luwi ya janye ra'ayinsa, ya yi wajen shekara 25 yana koya wa ɗalibai na abokan gardamarsa. Sai cikin 1952, da David Bohm na Amurka ya farfaɗo da zancen, ya koma kan bakansa na farko, yana ɗan shekara 60. Ya san matasan masana za su ɗauke shi tsoho mai riƙon tsohon zance, amma ya ci gaba da aikin har ƙarfinsa ya ƙare.

Ya koyar a jami'ar Pari daga 1928 har ya yi ritaya cikin 1962. Ya riƙe sakataren dindindin na Majalisar Masana Kimiyya ta Faransa daga 1942 zuwa 1975. Cikin 1949 ya yi kira ga ƙasashen Turai su haɗa ƙarfi su gina ɗakin bincike guda, kiran da ya taimaka aka kafa CERN kusa da Janeba cikin 1954. Shi ne kuma na farko da UNESCO ta ba lambar Kalinga, cikin 1952, saboda littattafan da ya rubuta don bayyana wa jama'a kimiyya. Da Moris ya rasu cikin 1960, sarautar gidan ta faɗo kansa. Bai taɓa yin aure ba.

Amfanin tunaninsa ya isa asibiti da gona. Madubin likita mai aiki da haske ba ya nuna abin da ya fi zangon haske ƙanƙanta sosai, amma zangon elaktoron ya fi na haske gajarta sau dubbai. An ƙera madubi mai aiki da elaktoron a Jamus cikin 1931, kuma da shi aka fara ganin surar ƙwayoyin cuta masu suna birus, irin masu kawo ƙyanda da shan inna da wasu cututtukan shuka.

Luwi da Buroy ya rasu ran 19 ga Maris 1987 a garin Lubesiyen kusa da Pari, yana da shekara 94. Ƙa'idarsa tana cikin littafin kowane ɗalibin fizik, an gwada ta kan atam da abubuwan da suka fi atam girma, ba ta kuskure ba. Tambayar da ta hana shi sakewa kuwa, wato ko igiyar nan abu ce ta zahiri ko hanyar lissafi, har yau masana ba su haɗa baki a kanta ba.