Musidora, Tauraruwar Sinimar Faransa

Ainihin sunanta Jeanne Roques. An haife ta a birnin Faris cikin 1889, ubanta mai tsara kiɗa, uwarta mai zane. Da wasan kwaikwayo ta fara, a nan ta laƙaba wa kanta Musidora.

A zamanin nan fim ba ya magana, sai dai a rubuta zancen a nuna, makaɗi yana bugawa a gefe. Saboda haka 'yar wasa da idanunta take cin abinci, ita kuwa Allah ya hore mata su dara-dara. Cikin 1915, ana tsakiyar Yaƙin Duniya na Farko, Louis Feuillade ya sa ta a fim ɗinsa mai kashi 10, Les Vampires. Ta fito a Irma Vep, ɓarauniya mai matsattsun baƙaƙen tufafi, mai bin rufin gidaje da dare. Har 'yan sandan Faris suka hana nuna shi na ɗan lokaci, wai ya raina su.

Sai ta kafa kamfanin kanta, ta shirya fina-finai wajen 10, waɗansu a ƙasar Sifen. Abin takaici, galibinsu sun ɓace. Soleil et Ombre na 1922 yana cikin 'yan kaɗan da suka tsira.

Kafin fim mai magana ya kankama ta riga ta bar fitowa, ta auri wani likita cikin 1927. Daga baya ta kama aiki a Cinémathèque, ma'ajiyar fina-finan Faransa, tana tara tsofaffin 'yan wasa ana rubuta labarinsu. Ta rasu cikin Disamba 1957, tana da shekara 68.