Alhaji Alhassan Ɗantata: Farken da ya ga zamanin ayari da na jirgin ƙasa

An haifi Alhaji Alhassan Ɗantata a garin Bebeji a shekarar 1877, a gidan Agalawa, zuriyar da ta shahara da fataucin nesa. Mahaifinsa, Madugu Abdullahi, jagoran ayari ne mai bin hanyar Gwanja, inda ake kai tufafi da kanwa a sayo goro. A wancan zamani tufa ce ƙashin bayan arzikin ƙasar Kano. Manomi ya noma auduga, mata su kaɗa zare, masaƙa su saƙa, marina su tsoma a baba, mabuga su buga har ta yi sheƙi. Bature ɗan Jamus Heinrich Barth, wanda ya zo Kano a 1851, ya rubuta cewa tufafinta na kaiwa har Tambutu da Gat da Tarabulus.

Alhassan bai daɗe cikin inuwar mahaifinsa ba, domin Madugu Abdullahi ya rasu yana ɗan shekara takwas. Mahaifiyarsa, Amarya, wadda ita ma 'yar kasuwa ce, ta koma Ankara da ke ƙasar Gana ta yanzu, ta bar shi a hannun wata dattijuwa mai suna Tata. Daga sunan wannan baiwar Allah ne aka samo laƙabin Ɗantata. Da yaƙin basasa ya ɓarke a Kano a 1893 tsakanin Tukurawa da Yusufawa, Alhassan na cikin waɗanda aka kama aka mayar bayi, kafin daga baya ya samu fansa. Ya bi sawun mahaifiyarsa zuwa Ankara, ya ƙara karatun allo, sannan ya shiga sana'ar gado da ɗan abin da ya tara.

A 1903 sojojin Ingila suka ci Kano. Babban abin da Turawa suka ƙwallafa wa rai a Arewa shi ne auduga, domin masaƙun Lankasha sun gaji da dogara ga audugar Amurka. Shekara guda kafin cin Kano aka kafa ƙungiyar bunƙasa noman auduga ta Ingila, kuma da wannan fata aka shimfiɗa layin dogo, wanda ya iso Kano a 1911. Lissafinsu shi ne auduga ta tafi ɗanya, ta dawo yadi, Bakano ya saya.

Lissafin bai fita ba. Masaƙan gida sun fi Bature sayen auduga da daraja, don haka manomi bai ga dalilin kai masa ba. Da kamfanonin Turawa suka fara biyan farashi mai tsoka a kan gyaɗa a 1912, sai manoma suka karkata gare ta, tunda ko kasuwa ta faɗi ana iya ci a gida. Gonakin da ke bayan ganuwa, har da wuraren da a yau suka zama unguwanni irin su Tarauni da Hotoro da Gyaɗi-Gyaɗi, suna cikin ƙasar noma da ke ciyar da birni. Jirgin da aka kawo don auduga ya koma ɗaukar buhunan gyaɗa.

Alhassan ya riga takwarorinsa fahimtar abin da sabuwar hanya ke nufi. Tafiyar Gwanja da jakuna kan cinye watanni, ga 'yan fashi, ga kuɗin fito. Shi kuwa sai ya riƙa ɗora goro a jirgin ruwa daga gaɓar Gana zuwa Ikko, daga nan ya nufo Arewa. Tare da goron yana kawo duwatsun wuya da yadin Turawa. Ya bar Bebeji ya zauna a unguwar Sarari cikin birni. A 1918 kamfanin Neja ya nemi ya zama wakilinsa na sayen gyaɗa. Ya yi amfani da tsarin da ya gada a fataucin goro, wato ya ba yaransa jari bisa amana su shiga ƙauyuka, su sayo, su kawo. Kafin tsakiyar shekarun 1920 babu attajirin da ya kai shi a Kano. Lokacin da bankin Turawa na Afirka ta Yamma ya buɗe reshe a birnin a 1929, an ruwaito cewa raƙuma 20 ne suka kai kuɗinsa na azurfa. Da sunansa ake tuna dalar gyaɗa, wadda ta zama tambarin Kano.

Sai dai wannan arziki yana da iyaka da Bature ya shata. Manyan kamfanoni, musamman UAC da aka kafa a 1929, su ke riƙe da jiragen ruwa, su ke yanke farashi, su ke shigo da kaya. Attajirin gida, komai dukiyarsa, matsayin ɗan tsakiya aka ba shi. Kuɗin gyaɗar da ya shiga hannun manomi kuma wani kaso nasa a kan akoko da alawayyo da atamfar Manchesta yake ƙarewa, a kantunan Turawa da na Kwara. Saƙi da turkuɗi ba su mutu ba, domin Buzaye ba su daina neman baƙin rinin Kura ba, kuma babbar riga ta ci gaba da zama suturar girma. Amma a kasuwar talaka yadin waje ya yi ta cin ƙasa, kuma Ɗantata na cikin manyan masu rarraba shi.

A ƙarshen rayuwarsa ya juya ga ƙoƙarin dawo da saƙar gida ta hanyar inji. A 1949 ya zuba dukiya a kamfanin Kano Citizens Trading Company, wanda attajiran Kano suka haɗu suka kafa domin gina masaƙar zamani mallakar 'yan ƙasa. Wannan yunƙuri ya riga babbar masaƙar Kaduna, wadda ta fara aiki a 1957. Manufar a fili take: audugar Arewa a saƙa ta a Arewa, ribar ta tsaya a gida.

Waɗanda suka rubuta tarihinsa sun bayyana shi da tsantseni da sauƙin rayuwa. Ya sauke farali a farkon shekarun 1920, ya kuma biya wa mutane da dama kujerar Makka. Da ya ji ciwo ya tsananta, ya tara 'ya'yansa ya yi musu wasiyya da haɗin kai da kada su wargaza kasuwancin. Ya rasu ranar 17 ga Agusta, 1955, aka binne shi a Sarari. 'Ya'yansa, irin su Sanusi da Aminu, sun ci gaba da riƙe gidan, kuma Aliko Ɗangote tattaɓa kunnensa ne ta wajen uwa.

Tambayar da ya fuskanta a 1949 tana nan har yau. Yawancin masaƙun Kano da Kaduna sun rufe, kuma mafi yawan atamfar da ake saukewa a Kantin Kwari daga ƙasar Sin take zuwa, kamar yadda a zamaninsa take zuwa daga Ingila. Allah Ya jiƙansa da rahama.