Marigayi Moustapha Alassane, Mai Kwaɗin Silima, Da Makomar Finafinansa

Ranar 17 ga watan Maris na shekarar 2015 Allah ya yi wa Moustapha Alassane rasuwa a nan birnin Wagadugu, yana da kimanin shekara 73. Da wuya a samu mutum goma a Zongo da za su tuna sunansa idan aka ambata, alhali kuwa masana silima na duniya suna lissafa shi cikin na farko-farkon waɗanda suka yi fim ɗin zane mai motsi, wato katun, a Afirka ta kudu da Sahara.

An haife shi a ƙasar Nijar cikin shekarar 1942, lokacin mulkin Faransa. Tun yana yaro ya ƙware da zane, yana yanka kwali ya fitar da siffar mutane da dabbobi, ya haska fitila ta bayansu domin inuwarsu ta faɗa a kan farin ƙyalle, jama'a su taru suna kallo. Da ya tasa sai ya koyi kanikanci, kuma wannan sana'a ta yi masa rana daga baya, domin duk na'urar da ta gagare shi saye yakan harhaɗa tasa.

A Yamai ya haɗu da Bafaranshen nan Jean Rouch, wanda ya sa shi a hanyar silima, ya kuma taimaka masa ya je Kanada wurin Norman McLaren, gwanin katun na wancan zamani. A shekarar 1962 ya fitar da Aouré, ɗan gajeren fim a kan bikin aure a bakin kogin Kwara. Bayansa ya yi katun mai suna La Mort de Gandji, wanda ya ci kyauta a bikin al'adun baƙar fata na Dakar a 1966.

Amma wanda aka fi tunawa da shi shi ne Bon Voyage Sim, na shekarar 1966. Tsawonsa bai wuce minti 5 ba. Labarin Sim ne, shugaban jamhuriyar kwaɗi, wanda ya tafi ziyarar aiki wata ƙasa: ga faretin soja, ga jawabai, ga fadanci, duka kwaɗi ne masu kumburin maƙogwaro. Shekara 6 kacal da samun 'yancin kai, ba sai an faɗa wa kowa ko da wa ake ba. Kada mai karatu ya raina minti 5 ɗin nan. Na'urar silima tana wuce hoto 24 a kowace daƙiƙa, ke nan hoto 7,200 ake bukata, kuma ko da an maimaita kowane zane sau biyu, dubbai ne za a zana da hannu, kowanne ya ɗan bambanta da na gabansa.

A wannan shekarar dai ya yi Le Retour d'un aventurier, inda wani saurayi ya komo daga Amurka da tsarabar kayan kaboyi, ya raba wa abokansa, suka addabi ƙauyensu. A nan Zalika Souley ta fara fitowa. A 1972 ya fitar da FVVA, wato mace, gida, mota da kuɗi, labarin ma'aikacin da son burga ya kai shi ga taɓa dukiyar da ba tasa ba; Sotigui Kouyaté na nan ƙasar yana cikin 'yan wasan. A shekarar ce kuma ɗan ƙasarsu Oumarou Ganda ya ɗauki babbar kyautar FESPACO a Wagadugu. Sai Samba le Grand a 1977, wanda ya yi da 'yan tsana, da kuma Kokoa, gasar kokawa ta dabbobi, da makaɗa da alƙali da 'yan kallo, kamar dai abin da aka saba gani a fagen kokawa na Maraɗi ko Tawa.

Ya shugabanci sashen silima na Jami'ar Yamai shekara 15, sannan ya zauna a Tawa, inda ya riƙe masaukin baƙi ya mai da wani ɓangarensa ɗakin aiki. Yana cikin motar da ta yi haɗari kusa da Birnin Ƙonni a watan Fabrairu na 2004, inda Jean Rouch ya rasu. Shi ya tsira, ya ci gaba da aiki, har ya koyi yin katun da kwamfuta da furfurarsa.

To, ina finafinan suke? Nan ne maganar take da nauyi. Faifan fim irin na da ba ya son zafi da laima. Idan ya daɗe a ɗakin da ba sanyi sai ya fara wari mai tsami, ya ƙanƙance, ya lanƙwashe, launinsa ya koɗe, daga nan ba ya shiga na'ura. Duk ɗan kasuwar da ya taɓa ajiye atamfa a sito mai yoyo ya san irin wannan asara. Domin maganin haka aka kafa ma'adanar finafinan Afirka a hedkwatar FESPACO a 1989. Amma ranar 1 ga Satumba 2009, da aka yi ruwan da ya haura milimita 260 cikin yini guda, ambaliya ta shiga ma'adanar ta ɓata faifai masu yawa. Mutanen Wagadugu ba su manta da wannan rana ba.

Abin da ya ceci ayyukan Alassane shi ne kwafin da aka ajiye a waje, musamman a Cinémathèque Afrique da ke Paris, wadda aka kafa a 1961. Yadda ake gyaran tsohon fim shi ne a wanke faifan, a ɗauki hotunansa ɗaya bayan ɗaya a zuba cikin kwamfuta, a share ƙura da karce, a daidaita sauti, sannan a mayar da asalin faifan ɗaki mai sanyi, a sa kwafin a rumbun intanet. A 2017 gidan tarihin MoMA na birnin New York ya shirya nunin finafinansa na musamman. Abin alfahari ne, sai dai da ɗan ciwo: ya fi sauƙi ɗalibi a Amurka ya ga Sim tas-tas a kan yaron Tawa ya gan shi.

Wani zai ce ai ana samun guntayensu a YouTube, ana turawa waya zuwa waya. Gaskiya ne, kuma ya fi babu. Amma wannan ba ajiya ba ce: hoton ya dushe, sau da yawa ba sunan mai aikin ba shekara, kuma ranar da aka rufe shafin shi ke nan. Bayan haka fim ba shi kaɗai ba ne abin adanawa. Akwai takardun zanen, da 'yan tsanan, da na'urorin da ya ƙera, waɗanda su ne ke nuna yadda aka yi aikin, kuma kowanne yana bukatar a ɗauki hotonsa, a rubuta sunansa da shekararsa. Wani sashe na wannan ya samu shiga fim ɗin da Maria Silvia Bazzoli da Christian Lelong suka yi a kansa a 2009, inda aka gan shi a ɗakin aikinsa na Tawa, shekara 6 kafin rasuwarsa. Allah ya jiƙansa.