Jean Rouch, injiniyan da ya koma mai ɗaukar fim

An haifi Jean Rouch a birnin Paris ranar 31 ga Mayu 1917. Ginin hanyoyi da gadoji ya karanta, kuma wannan aikin ne ya kawo shi Yamai a 1941. A nan ya haɗu da Damure Zika, wani matashin Basarke, suka ƙulla abotar da ta wuce shekara 60. A 1942 aradu ta kashe masa leburori goma. Kakar Damure ce ta jagoranci kiran Dongo, iskan tsawa, a kan gawawwakin. Abin da ya gani ran nan shi ya fara raba shi da siminti.

A 1946 ya dawo da abokai biyu, suka bi kogin Isa cikin kwalekwale tun daga Gine har teku. Kyamararsa ta gwanjo ce, ana wana ta kamar agogo, ba ta cika rabin minti tana ɗauka. Ƙafafun da ake girke ta a kai suka salwanta a hanya, dole ya riƙe ta a hannu yana bin mutane, larurar kuma ta zame masa salo.

Kyamarar ba ta ɗaukar murya, sai daga baya ake ɗora magana, kuma nan ne gizo yake saƙa ga ɗalibin harshe: wa zai yi magana a madadin wanda aka ɗauka? Fim ɗinsa na farko, na 1947, wani kamfani ne a Paris ya sake jera shi, ya ɗora masa sharhin da ya mai da Sarkawa abin kallo. Da ya kai wa masuntan Ayoru fim ɗin farautar dorina da ya yi bayan wannan, suka ƙi kiɗan da ya sa, don a ganinsu kiɗa ƙara wa dorina ƙarfin zuciya yake. Ya cire.

Les Maîtres fous, na 1955, ya nuna ƴan ci-ranin Nijar a Akra, iskokin Hauka suna hawa kansu da siffar gwamna da hafsoshin Turawa. Sunan kansa kalmar Hausa ce. Hukumar Ingila ta hana nuna fim ɗin a can, ƴan bokon Afirka da dama suka ji ya ci zarafinsu, kuma Sembène Ousmane ya zarge shi da kallon ƴan Afirka kamar ƙwari. Zargin yana da nauyi. Sai dai a Moi, un Noir, na 1958, Umaru Ganda, ɗan dako a Abijan, shi ya ba da labarinsa da bakinsa. A 1972 Ganda ya ci babbar kyautar FESPACO da nasa fim.

Rouch ya rasu a haɗarin mota kusa da Birnin Ƙonni ranar 18 ga Fabrairu 2004, Damure na cikin motar. A Yamai aka binne shi.