Brian Epstein: Mai Aiki a Bayan Fage

Malamaina da abokan karatuna, tun da na kama aikin gwamnati nake yawan tunawa da Brian Epstein, manajan mawaƙan Beatles na Ingila.

An haife shi a Liverpool a 1934. Bai taɓuka abin kirki a aji ba, ya yi ta sauya makaranta har ya bar karatu yana ɗan shekara 16. Daga baya ya riƙe kantin sayar da faifan garmaho na gidansu. A Nuwamban 1961 ya ga samari huɗu suna waƙa a kulob ɗin Cavern, ya zama manajansu. Ya sa su ɗinka kwat, ya hana su cin abinci a gaban 'yan kallo. Kamfanin Decca ya ƙi su, amma bai karaya ba sai da ya samo musu kwantiragi da Parlophone a 1962. A 1964 ya kai su Amurka.

Ya mutu a 1967 yana da shekara 32, wato bai wuce tsaranmu ba. Bayansa rigimar kuɗi da shugabanci ta shiga tsakaninsu, suka watse a 1970.

Duk ranar da na gaji da fayil, sai in tuna cewa ba a tafa wa mai riƙe takardu, amma ranar da babu shi ake sanin amfaninsa.