Orvar Bergmark: Ɗan Bayan Suwidin Da Ya Tsaya Gaban Birazil A 1958

Duk mai zama majalisar ƙwallo, ko a bakin shago a Kalakla ko a rumfar mai shayi a Umdurman, ya san cewa idan aka tayar da zancen gasar cin kofin duniya ta 1958, sunan Pele ne ke fara fitowa, sai Garrincha. Ba mu cika jin an ambaci waɗanda suka tsaya a gabansu ba. To yau ɗaya daga cikinsu muka ɗauko, wato Orvar Bergmark, mai tsaron baya ta hannun dama a ƙungiyar ƙasar Suwidin, wanda ya yi wa ƙasarsa wasa sau 94 bai ci ƙwallo ko ɗaya ba, amma duk da haka aka ba shi kyautar gwarzon ɗan wasan ƙasar.

An haife shi ranar 16 ga Nuwamba, 1930, a can arewacin Suwidin, inda ƙanƙara ke rufe fili wata da watanni. Saboda haka ya tashi da wasa biyu, ƙwallon ƙafa idan sanyi ya sauka, da kuma bandi, wani wasa da ake yi da sanda a kan ƙanƙara, wanda shi ma ya kai ga yi wa ƙasarsa. Yana saurayi ya gangaro kudu zuwa garin Orebro ya shiga ƙungiyar Örebro SK, kuma a 1951 aka fara kiransa ƙungiyar ƙasa.

Ya kamata mai karatu ya san halin da ƙwallon Suwidin ke ciki a lokacin. Hukumarsu ba ta yarda da wasan neman kuɗi ba. Ɗan wasa yana da aikinsa na yini, da yamma ya je atisaye. Wanda kuwa ya tsallaka Italiya ya karɓi albashi, to ya yi sallama da rigar ƙasa. Haka suka rasa manyan 'yan wasan da suka ci musu zinare a gasar Olamfik ta 1948. Abin ya yi kama da kasuwar da ke fitar da kayanta masu kyau ta kan iyaka, ta kuma hana su dawowa. Sai da aka ba su baƙuncin gasar duniya ta 1958 suka sassauta, suka kira irin su Nils Liedholm na AC Milan, da Lennart Skoglund na Inter, da Kurt Hamrin, da Bengt Gustavsson. Bergmark shi ɗan gida ne, bai je ko'ina ba, amma kocinsu Bature ɗan Ingila, George Raynor, bai ga wanda zai sa a gurbinsa ba.

A nan akwai wani zare da ya haɗa labarin da mu. A watan Fabrairun 1957 aka kafa hukumar ƙwallon Afirka a Khartoum, aka kuma buga gasar cin kofin Afirka ta farko a nan, Masar ta ɗauka. Sudan ta shiga neman gurbin zuwa Suwidin, ta fitar da Siriya, har ta kai matakin ƙarshe, inda ta ƙi buga wasa da Isra'ila. Wannan ƙin ne ya sa aka haɗa Isra'ila da Wales, Wales ta yi nasara gida da waje, ta faɗa rukuni ɗaya da su Bergmark.

Suwidin ta lallasa Meziko da ci 3 da nema, ta doke Hangari 2 da 1, ta yi canjaras da Wales babu ci. Ta fitar da Tarayyar Sobiyet da ci 2 da nema, sannan ta kayar da Jamus ta Yamma mai riƙe da kofin da ci 3 da 1. Mai karatu ya lissafa da kansa: wasa biyar, ƙwallo biyu kacal suka shiga ragarsu. Ana ta yabon 'yan gaba da suka dawo daga Italiya, alhali kuwa rabin aikin na 'yan baya ne da mai tsaron gida Kalle Svensson.

Ranar 29 ga Yuni aka yi wasan ƙarshe a filin Rasunda. Minti huɗu da take wasa Liedholm ya jefa ƙwallo a ragar Birazil. Daga nan sai labari ya sha bamban. Garrincha ya riƙa ɓarkowa ta ɓangaren Sven Axbom, sau biyu yana miƙa wa Vava yana ci. Pele, yaro ɗan shekara 17, ya ɗaga ƙwallo ta kan Gustavsson ya zura ta uku. Shi Bergmark wanda aka haɗa shi da shi a gefensa shi ne Mario Zagallo, wanda shi ma ya ci ta huɗu. Aka tashi 5 da 2. A ganinmu babu ɗan bayan da zai iya tare Birazil ta ranar nan, kuma mutanen ƙasarsa ma haka suka gani, domin a shekarar suka ba shi kyautar Guldbollen, wato ƙwallon zinare ta Suwidin. Aka kuma lissafa shi cikin fitattun 'yan wasan gasar.

Ya yi wa ƙungiyar AIK wasa, kuma a 1962 ya gwada sa'arsa a Roma ta Italiya. Tafiyar ba ta yi riba ba, ya riga ya haura shekara talatin, wasa biyu ya buga musu a gasar lig ya tattaro ya dawo gida. A 1965 ya ajiye rigar ƙasa, kuma a lokacin babu ɗan Suwidin da ya kai shi yawan wasanni.

Shekara ɗaya bayan haka aka damƙa masa horar da ƙungiyar ƙasar. Ya gaji aiki mai nauyi, don tun daga 1958 Suwidin ba ta sake leƙa gasar duniya ba, ta rasa ta 1962 da ta 1966. Shi ya mayar da ita, bayan ya sha gaban Faransa da Norway a wasannin share fage. Idan ba a manta ba, a wannan shekara ta 1970 ce Sudan ta ɗauki kofin Afirka a Khartoum da ta ci Ghana 1 da nema, yayin da Maroko ta riga Nijeriya da Sudan samun gurbin Afirka na zuwa Meziko.

A Meziko aka jefa shi rukuni mai zafi, da Italiya da Yurugwai da Isra'ila. A wasan farko ƙwallon Angelo Domenghini ta sulluɓe ta ƙarƙashin golansa Ronnie Hellström, yaro ɗan shekara 21, Italiya ta ci 1 da nema. Nan Bergmark ya yanke shawarar da aka daɗe ana muhawara a kanta: ya ajiye yaron a benci, ya sa Sven-Gunnar Larsson na Orebro a sauran wasannin. Mu dai muna ganin ya yi gaggawa, tunda wannan Hellström ɗin ne ya zama ginshiƙin Suwidin a gasar 1974. To amma fa ba gola ne ya fitar da su ba. Kunnen doki 1 da 1 da suka yi da Isra'ila shi ya karya musu lissafi, ya zama dole su ci Yurugwai da ratar ƙwallo biyu. Ove Grahn ya ci ɗaya ana dab da tashi, ta biyu ba ta zo ba. Maki uku uku suka tashi da shi da Yurugwai, bambancin ƙwallaye ya koro su gida. Italiya ta kai wasan ƙarshe, Yurugwai ta zo ta huɗu, wanda kuma ya ɗauki kofin a matsayin kocin Birazil shi ne Zagallo, abokin karawarsa na Rasunda.

Bayan gasar ya sauka, Georg Ericson ya gaje shi, shi kuwa ya koma Orebro ya ci gaba da aiki da tsohuwar ƙungiyarsa. Daga baya cutar karkarwar jiki da ake kira Parkinson ta kama shi, ya yi shekaru masu yawa yana fama da ita. Ya mutu ranar 10 ga Mayu, 2004, yana da shekara 73.