Mahatma Gandhi: Mai Auna Kansa Kowace Yamma

A wannan fitowa muna duba rayuwar wani mutum wanda ba Kirista ba ne, amma ya bar mana abin koyi game da addu'a da binciken zuciya.

An haifi Mohandas Gandhi ran 2 ga Oktoba 1869 a Porbandar ta ƙasar Indiya, cikin gidan mabiya addinin Hindu. Yana ɗan shekara 15 ya yanki guntun zinariya daga munduwar ɗan'uwansa. Zuciyarsa ta hana shi sakat, har ya rubuta laifinsa ya miƙa wa mahaifinsa da ke kwance yana jinya. Tsohon ya karanta, ya zub da hawaye, ya yage takardar.

Ya yi karatun shari'a a Landan, inda Huɗubar Ubangijinmu a kan Dutse ta ratsa shi ƙwarai. Bayan shekara 21 a Afirka ta Kudu, ya koma gida a 1915, ya jagoranci neman 'yanci daga mulkin Ingila ba tare da makami ba.

A mazauninsa na Sabarmati akan taru don addu'a da asuba da kuma yamma. Da yamma sukan rera ayoyin ƙarshe na sura ta 2 ta littafinsu Bhagavad Gita, masu siffanta mutumin da ya mallaki sha'awarsa da fushinsa, domin kowa ya auna kansa da su. Gandhi bai ware kansa daga wannan awo ba. Da masu zanga-zanga suka kashe 'yan sanda 22 a Chauri Chaura a 1922, sai ya dakatar da gwagwarmayar, ya ɗora alhakin a wuyansa, ya yi azumin kwana 5.

Ran 30 ga Janairu 1948, yana tafiya taron addu'ar yamma a Delhi, Nathuram Godse, wanda ke zarginsa da fifita Musulmi, ya harbe shi har lahira.

Majalisar Vatikan ta Biyu ta koyar a 1965 cewa Ikkilisiya ba ta ƙin abin da ke na gaskiya da tsarki cikin sauran addinai. A 1986 Paparoma Yohanna Bulus na Biyu ya durƙusa a inda aka ƙone gawar Gandhi. Mu da aka ba mu sakramentin tuba, kada mu kwanta barci ba mu binciki zukatanmu a gaban Allah ba.